Jamus: Ƙasar da Aka Rubuta a Takarda Kafin a Kafa Ta a Ƙasa

 Yau tafiyar da nisa, Turai muka nufa, ƙasar Jamus. Da an ambaci Jamus, abin da ke zuwa ran yawancinmu shi ne motoci masu ƙarko da ƙwallon ƙafa da Hitila. To mu ɗakin littattafansu za mu shiga, mu ga yadda marubutansu da masu falsafarsu suka shafe ɗaruruwan shekaru suna kai-komo a kan tambaya guda: wane ne Bajamushe?

Abin da ya sa wannan tambaya ta faɗa hannun masu alƙalami shi ne, Jamus ba ta daɗe da zama ƙasa ɗaya ba. Sai a 1871 aka haɗa ta. Kafin nan, musamman bayan 1648, yankin ya kasu ne zuwa masarautu da birane masu cin gashin kansu kusan 300, kamar gidan gado da magada suka yi wa kashi-kashi, kowa ya ja katangarsa. Kowane sarki da kuɗinsa, da dokarsa, da shingen karɓar harajinsa. Faransawa na da Paris, Turawan Ingila na da Landan, su kuwa masu jin Jamusanci ba babban birni, ba tuta ɗaya. Abin da ya rage musu na tarayya shi ne harshe, sai kuma abin da aka rubuta da shi.

Shi kansa harshen sai da aka gina shi. A 1521, bayan da sarkin daular da ta lulluɓe masarautun nan ya yanke wa malamin Kirista Martin Luther hukunci saboda bijire wa Fafaroma, sarkin Saxony ya ɓoye shi a wata fada da ke kan dutse mai suna Wartburg. Ku riƙe sunan nan, za mu sake jin sa. A wani ɗan ɗaki na wannan fada Luther ya zauna, cikin kimanin makonni 11 ya juya Sabon Alkawari daga Girkanci zuwa Jamusanci. An buga shi a watan Satumba na 1522, dukan Baibul kuma ya fito a 1534. A lokacin, mutumin arewa da na kudu da ƙyar suke fahimtar juna. Luther ya ɗauki Jamusancin da magatakardan fadar Saxony ke rubutu da shi, ya gauraya shi da maganar kasuwa da ta cikin gida, domin a ra'ayinsa mai fassara sai ya saurari yadda talaka ke magana. Injin buga littafi da Gutenberg ya ƙirƙiro a Mainz shekaru kusan 70 kafin nan shi ya kai wannan Jamusanci gida-gida. Sai dai littafin da ya haɗa musu harshe, shi ne kuma ya zo tare da rabuwar addini. Rikicin Katolika da Furotesta yana cikin abin da ya haddasa yaƙin shekara 30, daga 1618 zuwa 1648, wanda ya rage yawan jama'ar yankin ƙwarai. Kuma shi Luther ɗin, a 1543, ya rubuta wani mummunan littafi na cin zarafin Yahudawa, wanda 'yan Nazi suka tono suka yi amfani da shi bayan shekaru 400. Tun daga tushe ke nan, alheri da sharrin a hannu guda suka fito.

Bayan wancan yaƙi, manyan mutane suka raina harshen nasu. A fada Faransanci ake yi, a jami'a Latin. Sarkin Purushiya, Frederick Babba, da Faransanci yake rubuta littattafansa, ya kuma ajiye marubucin Faransa Voltaire a fadarsa na 'yan shekaru. A 1780 ya wallafa wata maƙala, ita ma da Faransanci, yana kushe adabin Jamusanci. Abin dariyar shi ne, daidai lokacin da sarki ke wannan kushe, a ƙarƙashin hancinsa ake rubuta littattafan da duniya ke karantawa har yau. Shekara guda bayan maƙalar tasa, wani malamin jami'a a Königsberg, cikin ƙasar shi sarkin, ya fitar da babban littafinsa a kan iyakar abin da hankalin ɗan Adam zai iya sani. Wannan malami shi ne Immanuel Kant, mutumin da bai taɓa yin nisa da garinsu ba, wanda ake ba da labarin cewa maƙwabta da fitowarsa yawon la'asar suke gyara agogo. Kiran da Kant ya yi a 1784 shi ne mutum ya yi ƙarfin halin amfani da hankalinsa, ya daina jiran wani ya yi masa tunani. Garin nasa yanzu yana cikin Rasha, ana kiran sa Kaliningrad, wanda wannan kaɗai ya isa ya nuna muku yadda taswirar Jamus ke yawo.

Marubutan wannan zamani ba masu ƙyamar baƙo ba ne. A 1779 Lessing ya rubuta wasan kwaikwayon Nathan Mai Hikima, wanda ya faru a birnin Ƙudus zamanin Sarki Salahuddin. A ciki sarkin ya tambayi wani attajiri Bayahude wane addini ne na gaskiya, shi kuma ya amsa da labarin wani uba mai zobe guda na gado da 'ya'ya uku da yake ƙauna daidai wa daida. Uban ya sa aka ƙera wasu zobba biyu da ba a iya bambanta su da na asali, ya ba kowane ɗa guda. Da rigima ta kai gaban alƙali, sai ya ce kowa ya je ya tabbatar da ingancin zobensa ta hanyar kyawun hali. Mai addini na iya ƙin yarda da Lessing a fagen aƙida, amma a lura da abin da ya yi: a Turai ta wancan lokaci, ya ɗora Musulmi da Bayahude a kan dandali a matsayin masu hankali da mutunci. Abokinsa masanin falsafa Moses Mendelssohn, Bayahude, shi ake ganin ya yi koyi da shi wajen tsara Nathan.

Sai Herder, ɗalibin Kant, wanda a ganina shi ne mabuɗin wannan labari gaba ɗaya. Herder ya ce ruhin kowace al'umma a cikin harshenta yake, da waƙoƙinta na gargajiya, da labaran da tsofaffi ke ba yara. Ya tattara waƙoƙin al'ummu daban-daban ya buga a 1778 da 1779. Ya ce kowace al'umma da nata ma'aunin, ba a auna wata da na wata, ya kuma la'anci cinikin bayi da mamaye ƙasashen mutane da Turawa ke yi. Wannan tunani ya ba ƙananan al'ummu da yawa a gabashin Turai ƙwarin gwiwar rubuta harsunansu. Amma tunanin na da baki biyu. Idan harshe ne ke yin al'umma, ana iya cewa duk wanda ya koyi harshen ya shigo. Ana kuma iya cewa sai wanda ya gaje shi daga kaka da kakanni. Shekaru 200 da suka biyo baya, a tsakanin waɗannan fassarori biyu Jamusawa suka yi su.

Herder a Weimar ya zauna, wani ɗan gari da bai wuce mutum 6,000 ba lokacin da marubuci Goethe ya iso shi a 1775. Goethe ya riga ya yi suna da littafin Werther na 1774, labarin wani saurayi da soyayya ta halaka. A Weimar ya zama minista, ya ƙulla abota da marubuci Schiller, ya shafe kusan shekaru 60 yana aikin Faust, labarin malamin da ya ƙoshi da karatu bai ƙoshi da buri ba, har ya ƙulla yarjejeniya da Shaiɗan. Kashi na farko ya fito a 1808, na biyu a 1832, shekarar da ya rasu. Yau Jamusawa da sunansa suke tallata harshensu a duniya, cibiyar Goethe tana da reshe har a Legas. Amma shi mutumin bai damu da kishin ƙasa irin na tuta da ganga ba. Ya gana da Napoleon a 1808, ya karɓi lambar girma daga gare shi. Da ya tsufa, sai ya faɗa karatun mawaƙin Farisa Hafiz, ya nazarci Alƙur'ani a fassara, ya fitar da diwanin da ya haɗa Gabas da Yamma a 1819. A 1827 ya gaya wa mataimakinsa cewa zamanin adabin ƙasa ɗaya ya kusa wucewa, na adabin duniya ne ke tafe.

Abin da ya juya akalar shi ne kashin da suka sha. A 1806 Napoleon ya rusa tsohuwar daular da ta lulluɓe masarautun nan, a ranar 14 ga Oktoba kuma ya ragargaza sojojin Purushiya a Jena. Masanin falsafa Hegel yana cikin garin a lokacin, yana kammala babban littafinsa na farko. Sojojin Faransa suka shiga Barlin. A wannan birni da ke hannun abokan gaba, daga Disambar 1807 zuwa Maris na 1808, masanin falsafa Fichte ya riƙa tsayawa duk ranar Lahadi yana gabatar da lacca, guda 14, waɗanda aka buga da sunan Jawabai ga Al'ummar Jamus. Ku lura, al'ummar da yake wa jawabi babu ita a taswira. Ya gaya musu cewa makami ya faɗi, saura tarbiyya: a gina makarantu na kowa da kowa, a raini sabuwar zuri'a. Wannan magana ce mai kyau. Amma ya ƙara da cewa Jamusawa sun fi maƙwabtansu domin harshensu rayayye ne da bai yanke daga tushensa ba, na Faransawa kuwa aro ne daga Latin. Nan fa aka bar hanyar Herder. Daga "kowa da nasa" aka koma "namu ya fi". A 1811 aka kafa wata ƙungiyar cin abinci da hira ta manyan masu ilimi a Barlin, Fichte na ciki, wadda dokarta ta hana mata shiga, ta hana Yahudawa, har da waɗanda suka koma Kirista.

A wannan yanayi ne wasu 'yan'uwa biyu daga Kassel, Jacob da Wilhelm Grimm, suka shiga tattara tatsuniyoyi. Kashi na farko ya fito a 1812, kuma da yawa daga cikin labaran da yaranmu ke kallo a zanen talabijin daga nan aka ɗebo su. Manufarsu ita ce su ceto muryar talakan Jamus kafin ta ɓace. Sai dai masu bincike sun gano cewa da yawan labaran ba daga bakin tsofaffin ƙauye suka fito ba. 'Yan matan gidajen masu hali ne suka ba su, ciki har da dangin Hassenpflug masu asali da Faransa, kuma wasu labaran akwai su tuni a littattafan Faransanci. Wilhelm kuma ya yi ta gyara su bugu bayan bugu, yana cire abin kunya, yana ƙara tarbiyya. Tatsuniya dama ba ta san shingen kan iyaka ba, duk wanda ya saurari ta Bahaushe da ta Bafulatani da ta Babarbare ya san haka. Babban aikin su Grimm kuwa ƙamus ne. Sun fara shi a 1838, bayan an kore su daga jami'ar Göttingen saboda sun ƙi amincewa da sarkin da ya soke tsarin mulki. Wilhelm ya rasu a 1859 bayan ya gama harafin D, Jacob ya bi shi a 1863 yana kan harafin F. Ba a kammala ƙamus ɗin ba sai a 1961, da haɗin gwiwar masanan Jamus ta Gabas da ta Yamma, a shekarar da aka gina katangar Barlin.

Mu koma Wartburg. A 1817 ɗaliban jami'a suka taru a can domin bikin cikar shekaru 300 da yunƙurin Luther, suna kiran a haɗa kan Jamus. Da dare wasunsu suka hura wuta suka jefa alamun littattafan da suka ce sun saɓa wa Jamusanci, har da na wani marubuci Bayahude, Saul Ascher, wanda ya yi gargaɗi a kan haukar kishin ƙabila. A cikin matasan da wannan zamani ya girgiza akwai Heinrich Heine, ɗan Düsseldorf, haifaffen 1797. 'Yan shekaru kaɗan bayan haka ya rubuta wasan kwaikwayo mai suna Almansor, wanda ya faru a Andalus bayan faɗuwar Garnaɗa. A ciki an ba da labarin yadda aka jefa Alƙur'ani a wuta a dandalin gari, wani dattijo Musulmi kuma ya yi gargaɗin cewa wannan somin-taɓi ne, wutar ba za ta tsaya a kan takarda ba.

Heine shi ne jarrabawar da tunanin harshe ya faɗi. Babu wanda ya kai shi iya sarrafa Jamusanci a zamaninsa, mawaƙa irin su Schubert da Schumann sun sa wa baitocinsa kiɗa. Idan harshe ne ma'auni, ai babu Bajamushen da ya fi shi. Amma Bayahude ne. Ya koma Kirista a 1825 da fatan samun aiki, aikin bai samu ba. Ya ƙaura Paris a 1831, a 1835 aka haramta rubuce-rubucensa a ƙasashen Jamus, a Paris kuma ya rasu a 1856. A can ya rubuta wani ɗan littafi a kan tarihin addini da falsafa a Jamus, domin ya fahimtar da Faransawa. Ya gaya musu kada su raina malaman nan masu zaman ɗaki, domin tunani ne ke gaba, aiki na biye, kuma ranar da tsohon halin yaƙin Jamusawa ya haɗu da wannan falsafa, za a ga abin da juyin juya halin Faransa zai zama wasan yara a gabansa. Kusan shekaru 100 kafin Hitila ya rubuta wannan.

Masu alƙalami sun samu damarsu a 1848, lokacin da majalisar wakilan jama'a ta zauna a wani coci a Frankfurt domin tsara wa Jamus kundin mulki. Malaman jami'a da lauyoyi sun cika ta, Jacob Grimm na cikinsu. Suka yi ta muhawara, suka miƙa wa sarkin Purushiya kambi, ya ƙi karɓa daga hannun talakawa, majalisar ta watse a 1849. Abin da suka kasa da magana, firaministan Purushiya Bismarck ya yi shi da yaƙe-yaƙe uku, aka naɗa sarkin Jamus a fadar Versailles ta Faransa ranar 18 ga Janairun 1871. Ana cikin murna sai masanin falsafa Nietzsche ya yi gargaɗi a 1873 cewa nasarar soja ba nasarar al'ada ba ce, kuma daular na iya cinye ruhin da ta ce ta zo karewa. Nietzsche ya tsani masu ƙin Yahudawa, ya kuma yi wa masu alfahari da Jamusanci ba'a. Amma bayan ya zautu a 1889, ƙanwarsa Elisabeth ta mallaki takardunsa, ta tsittsinta ta haɗa yadda take so, daga baya ta karɓi Hitila hannu bibbiyu. Gaskiya kuwa akwai kalaman ƙarfi da raina masu rauni a littattafansa da suka sauƙaƙa wannan sata.

A nan, jama'a, labarin ya taɓo mu. Kant ɗin da ya koyar da martabar ɗan Adam, ya kuma rubuta maganganun raini a kan baƙar fata. Hegel, a laccocinsa na falsafar tarihi, ya ce Afirka ba ta cikin tarihin duniya. Ya faɗi haka ne alhali tun a 1734 wani ɗan Afirka daga gaɓar Gana ta yau, Anton Wilhelm Amo, ya sami digirin dakta a falsafa a jami'ar Wittenberg, ya kuma koyar a Halle da Jena, garin da shi Hegel ɗin ya koyar daga baya. A Barlin aka zauna a 1884 zuwa 1885 aka tsara rabon Afirka, Jamus ta riƙe Kamaru da Togo da Tanganyika da Namibiya, inda sojojinta suka yi wa Herero da Nama kisan ƙare dangi daga 1904, abin da gwamnatin Jamus ta amince da sunansa a 2021. A ɗaya hannun kuma, son nazarin harsuna da Herder da su Grimm suka shuka yana cikin abin da ya kawo Heinrich Barth Kano a 1851, ya kuma sa wani Bajamushe, Schön, ya buga nahawun Hausa a 1862 da ƙamus a 1876.

Babu wanda rayuwarsa ta nuna wannan jan-in-ja kamar Thomas Mann. A 1918 ya fitar da wani ƙaton littafi yana kare shigar Jamus yaƙin duniya na ɗaya, yana cewa al'adar Jamus mai zurfi ce, dimokuraɗiyya kuwa kayan Faransa da Ingila ne. A kan haka ya ɓata da yayansa Heinrich, shi ma marubuci, suka yi shekaru ba sa ga maciji. A 1922 ya sauya, ya fito yana kare sabuwar jamhuriyar Jamus. Ya sami kyautar Nobel a 1929, a 1933 ya bar ƙasar. Tun da a rediyo muke, bari in gaya muku abin da ya yi da rediyo. Lokacin yaƙin duniya na biyu yana zaune a Amurka, sai ya riƙa ɗaukar jawabi a faifai, a kai shi Landan, BBC ta watsa shi da Jamusanci zuwa cikin Jamus, inda sauraron tashar abokan gaba laifi ne mai tsananin hukunci. Mutane na rage murya suna kanga kunne a jikin akwati domin su ji shi yana gaya musu abin da ake aikatawa da sunansu. A 1945 ya ce babu Jamus biyu, ta kirki da ta banza: guda ce, wadda mafi kyawun abin da ke cikinta ya rikiɗe ya zama sharri. Littafinsa Dakta Faustus na 1947 a kan wannan ya ginu.

Ranar 10 ga Mayun 1933, a dandalin da ke gaban jami'ar Barlin, aka ƙona littattafai kusan 20,000: na Heinrich Mann, na Freud, na Marx, na Remarque wanda ya rubuta gaskiyar abin da soja ke gani a ramin yaƙi. Ɗaliban jami'a ne suka shirya, malamai suka tsaya musu, marubuci Erich Kästner yana cikin taron yana kallon nasa na ci da wuta. Kwana tara kafin nan, Martin Heidegger, wanda ake lissafawa cikin manyan masu falsafa na ƙarnin, ya shiga jam'iyyar Nazi yana shugaban jami'ar Freiburg. Wanda ya je dandalin nan yau zai ga gilashi a shimfiɗe a ƙasa. In ya sunkuya zai hango wani farin ɗaki a ƙarƙashi, kantocin littattafai jere, ba ko ɗaya a kai. A gefe an kafa allo ɗauke da gargaɗin nan na Heine. Can kuma a kan tudun da ke bayan Weimar, tafiyar 'yan kilomitoci daga gidan Goethe, aka gina sansanin Buchenwald a 1937, inda mutum kusan 56,000 suka mutu. Da suke sare dajin, sun bar wata itaciya guda a tsakiyar sansanin domin an ce Goethe ya saba hutawa a wurin. Sun girmama itaciyar mawaƙi, suna kashe mutane a inuwarta. Mukan ce ilimi gishirin zaman duniya, haka ne, amma a Jamus ta 1933 masu digiri ne suka riƙe ashana.

Bayan 1945 sai adabin ya koma na tuhumar kai. Victor Klemperer, malamin harshe Bayahude da ya tsira a Dresden, ya buga littafi a 1947 yana nuna yadda 'yan Nazi suka gurɓata maganar yau da kullum har waɗanda ba sa son su suka riƙa magana irin tasu. Masanin falsafa Karl Jaspers a 1946 ya bambanta laifin wanda ya aikata da alhakin ɗan ƙasa da ya zauna ƙarƙashin gwamnatin da ta aikata. Günter Grass ya girgiza ƙasar da labarin yaron nan mai gangar kwano da ya ƙi girma, a 1959, ya zama mai yi wa kowa wa'azin tuna baya, ya sami Nobel a 1999. Sai a 2006 ya bayyana cewa shi ma yana ɗan shekara 17 ya yi aiki a rundunar Waffen-SS ta 'yan Nazi. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, amma shi sai da ya yi shekaru 60 yana ɓoyo. A tsakanin nan ƙasar ta rabu biyu a 1949, kowane ɓangare na cewa shi ne magajin Goethe, har ta sake haɗewa ranar 3 ga Oktoban 1990.

Amsar da ta fi tasiri a wannan zamani ita ce wadda Dolf Sternberger ya kawo a 1979, Jürgen Habermas kuma ya yaɗa ta a muhawarar masana tarihi ta 1986: abin da ya kamata Bajamushe ya yi alfahari da shi shi ne tsarin mulkin da ya ɗora martabar ɗan Adam a sashensa na farko, ba jini ko asali ba. Doka ta daɗe ba ta bi wannan ba. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1913 da jini take aiki, don haka jikan ma'aikacin da ya zo daga Turkiyya bayan yarjejeniyar 1961 yana iya zama baƙo a garin da aka haife shi. Sai a 2000 aka buɗe ƙofar haihuwa a ƙasa. Yanzu dubi masu riƙe da alƙalamin. Emine Sevgi Özdamar, haifaffiyar Turkiyya, ta karɓi kyautar Büchner, mafi girma a adabin Jamusanci, a 2022. Saša Stanišić, wanda ya zo gudun hijira daga Bosniya a 1992, ya ci kyautar littafin shekara a 2019 da littafi a kan asali. Navid Kermani, ɗan iyayen da suka zo daga Iran, shi aka gayyata ya yi jawabi a majalisar dokoki a 2014 ranar cikar tsarin mulki shekaru 65. May Ayim, wadda mahaifinta ɗan Gana ne, tana cikin waɗanda suka fitar da littafin da ya ba baƙaƙen Jamusawa murya a 1986. Amma kada a ɗauka magana ta ƙare: jam'iyyar da ke cewa asali ne ma'auni tana da kujeru da yawa a majalisa, kuma ƙarfinta ƙaruwa yake yi.

Ga ɗalibanmu da ke sauraro, musamman masu nazarin tarihi da siyasa da adabi, yawancin littattafan nan akwai su da Turancin Ingilishi da Faransanci, tsofaffin ciki kuma kyauta ne a intanet. Shawarata, kada ku fara da Kant ko Hegel, za su sa ku ajiye littafin tun a shafi na goma. Ku fara da Nathan Mai Hikima, gajere ne. Sannan ku ɗauki jawaban Fichte da ɗan littafin Heine ku karanta su a jere, ɗaya bayan ɗaya. Waɗanda kuma Allah ya hore wa jin Jamusanci a cikinmu, muna roƙon su juya mana ko da Lessing da Heine ne zuwa Hausa.